Babi na 6: Gashin Mai Jego

"Me ya sa gashina yake zubewa tun da na haihu?" Tambaya ce da mata ke yi wa juna a gidan kitso, da layin rigakafi, da ɗakin uwa idan an rage su biyu. Ba kasafai take kai wa gaban likita ba, domin mai jego tana jin nauyin ta je asibiti da zancen gashi alhali ga masu zazzaɓi da masu naƙuda suna jira. Sai ta tambayi wadda ta fi kusa da ita. Wannan ta ce shayarwa ce, yaro ne ke tsotse ta. Waccan ta ce ruwan zafin wankan jego ne ya dafa mata kai. Wata kuma ta rage murya ta ce, "Ke dai ki dage da addu'a, 'yar nan, baki ne," ko ma ta sako sunan kishiya a ciki.

Abin da ke ƙara ruɗa mace shi ne lokacin da abin yake zuwa. Ranar suna kanta a cike yake, makitsiya har tana mitar yawansa. An yi arba'in lafiya lau. Sai yaro ya kai wata uku ko huɗu, ya fara ɓangala dariya, jikin uwa ya fara dawowa, sannan rana ɗaya a tsefe kai a ga mataji ya cika, a sake sharcewa ya sake cika. Ta duba madubi ta ga gefen goshi ya yi haske. Wadda ba a taɓa yi wa bayani ba dole gabanta ya faɗi.

Amsar tambayar tana da daɗin ji ga mafi yawan mata: gashin zai dawo. Amma akwai 'yan kaɗan da zubar gashinsu saƙo ne jiki ke aikowa, kuma akwai abin da mu da hannunmu muke yi a wannan lokaci da kan mai da zubar wucin gadi ta zama ta dindindin. Kafin a rarrabe waɗannan, sai an fara sanin yadda gashi yake rayuwa.

Kowane sili da wa'adinsa

A kan mutum akwai saiwoyin gashi kimanin 100,000. Kowace saiwa tana binne a cikin fata, kuma ita ce mai rai. Silin da muke gani a waje, wanda ake kitsewa ake shafa wa mai, ba shi da rai, shi ya sa aski ba ya zafi.

Saiwa ba ta aiki tutur. Takan yi shekara 2 zuwa 6 tana fitar da sili, yana ƙaruwa da kusan santimita 1 a wata. Daga nan sai ta ja birki na mako biyu zuwa uku, sannan ta shiga hutu na kimanin wata uku. A lokacin hutun silin yana nan zaune a raminsa, ba ya tsawo, ba a kuma ciyar da shi. Idan hutu ya ƙare, saiwa ta fara sabon sili daga ƙasa, tsohon ya saki ya faɗi.

Rahamar da ke cikin wannan tsari ita ce saiwoyin ba sa tafiya hutu tare. A kowace rana, kashi 85 zuwa 90 cikin 100 suna kan aiki, sauran ne ke hutawa. Shi ya sa lafiyayyen mutum yake zubar da sili 50 zuwa 100 kullum, ba tare da shi ko wani ya lura ba. Mace, namiji, yaro, tsoho, duk haka ne. Zubar gashi a kan kanta ba ciwo ba ce. Tana zama abin magana ne idan saiwoyi masu yawa suka tafi hutu lokaci guda.

Abin da ciki ke yi wa saiwa

Da ciki ya zauna, mabiyiya takan fara samar da sinadaran homon masu yawa, musamman istrojin da furojestaron, har su ninka abin da jiki ya saba da shi sau da yawa. Ɗaya daga cikin ayyukan istrojin shi ne tsawaita lokacin aikin saiwar gashi. Saiwar da wa'adinta ya yi ta tafi hutu sai ta ci gaba da aiki. Silin da ya kamata ya faɗi a wata na biyar ko na bakwai sai ya ƙi faɗuwa. Wannan ne dalilin da ya sa mata da yawa suke ganin kansu ya cika a tsakiyar ciki zuwa ƙarshensa, har a riƙa cewa cikin ya karɓe su. Ba sababbin saiwoyi aka ƙara musu ba, tsohon gashi ne bai tafi ba.

A yi tunanin adashi. Kullum ana zuba sili hamsin, sittin, ɗari, ana tarawa wata da watanni ba wanda ya ɗauka. Ranar kwasa kuwa ba a kwasar na yini ɗaya, gaba ɗaya ake haɗawa.

Haihuwa ce ke sanya ranar kwasar. Da zarar mabiyiya ta fita, masana'antar waɗannan sinadarai ta tafi, cikin 'yan kwanaki istrojin ya faɗo ƙasa. Duk saiwoyin da aka riƙe suna aiki fiye da wa'adinsu sai su tafi hutu a tare. Amma a tuna, silin da saiwarsa ke hutu ba ya faɗuwa nan take, sai ya yi zaman wata ukun nan. Ga amsar abin da ke ɗaure wa mata kai: ranar haihuwa aka yanke hukuncin, wata biyu zuwa huɗu bayanta ake zartarwa. Zubar takan fi tsanani wajen wata na huɗu, ta fara lafawa wajen wata na shida, kuma mafi yawan mata kansu yakan koma yadda yake kafin yaro ya cika shekara. Wasu sukan ɗan haura haka.

Ba yau aka gano wannan ba. A 1960 wata likitar fata a Amurka, Yelva Lynfield, ta riƙa cirar silin gashin mata masu ciki da masu jego tana duba saiwoyin a madubin likita. Ta ga adadin masu aiki yana hawa a ƙarshen ciki, yana kuma faɗowa bayan haihuwa. Shekara guda bayan nan, a 1961, Albert Kligman ya bayyana irin wannan zubar a matsayin abu guda da ke biyo bayan duk wata girgiza da jiki ya sha, kamar haihuwa ko zazzaɓi mai zafi, ya kuma raɗa mata sunan da likitoci ke kiranta da shi har yau, telojen efuluwiyam.

Ba kowace mai jego take ganin abin ba. Wata ta haifi biyar ba ta taɓa lura ba, wata kuma kowace haihuwa sai ta yi. Ɓari ma yana iya jawo shi, haka tiyatar ciro jariri ba ta hana shi, tunda ko ta wace hanya aka haihu mabiyiya ta fita.

Ranar tsifa

Akwai dalilin da ya sa matanmu suka fi tsorata da wannan abu fiye da matan da ke taje kai kullum. Mai sakin gashi tana ganin zubarta kaɗan-kaɗan, yau a matashi, gobe a banɗaki. Mai kitso kuwa silin da ya saki ba shi da hanyar faɗuwa, yana nan maƙale a cikin kitson har ranar da za a tsefe.

A yi lissafi. Idan kitso ya yi mako biyu a kan macen da ba ta haihu ba, tana zubar da sili 100 a rana, ranar tsifa za ta kwashi 1,400. Mai jego a tsakiyar zubarta tana iya sakin 300 a rana ko fiye. Mako biyu ya zama sili 4,200 a hannu lokaci ɗaya. Ga shi mai jego ba ta da sukunin zaman kitso duk mako, sau da yawa sai ya yi wata guda a kanta. Dunƙulen da za ta gani ranar nan ya isa ya sa ta kuka, alhali idan aka auna da 100,000 da ke kanta, kai bai kusa ƙarewa ba. Wannan irin zuba ba ta kai mace ga sanƙo. Tana rage kauri ne a ko'ina, ta fi bayyana a gefen goshi biyu.

Ga wani gwaji da kowa zai iya yi a gida. A ɗauki 'yan silin da suka zubo a shimfiɗa a kan farin ƙyalle. Idan sili yana da tsawonsa cikakke, kuma a gindinsa akwai ɗan farin ƙulli, to daga rami ya fito bayan ya gama wa'adinsa. Ƙullin nan ba saiwar ba ce, saiwa tana nan cikin fata tana shirin sabon aiki. Idan kuwa guntaye ne, ba ƙulli, to karyewa gashin yake yi, kuma wannan magana ce ta bushewa, ko rilaksa, ko tajewa da ƙarfi. Maganin su biyun ba ɗaya ba ne.

Alamar dawowa kuma ita ce 'yan gajerun gashi masu laushi da ke tsirowa a gaban kai, suna tsaitsaye, sun ƙi shiga kitso. Mai jegon da ta gan su ta kwantar da hankalinta.

Nono ba shi da laifi

Da yake zubar tana zuwa ne daidai lokacin da yaro ya fi kama nono, sai aka ɗora wa shayarwa laifi. Amma macen da ba ta shayar ba, ko don rashin lafiya ko don jaririn bai zo da rai ba, ita ma gashinta yana zuba a daidai wannan lokaci. Faɗuwar istrojin ce sila, kuma wannan ta riga ta faru tun a makon suna. Cire yaro daga nono ba zai riƙe sili ko ɗaya ba, sai dai ya hana shi abincin da ya fi kowane amfani gare shi. Shawarar Hukumar Lafiya ta Duniya tana nan yadda take: nono zalla wata shida, a ci gaba da bayarwa tare da abinci har shekara biyu.

Ruwan zafi ma haka. Yana iya ƙona fata, yana busar da gashi, amma matan Japan da na Ingila da ba su san wankan jego ba suna wannan zubar a watannin da matan Kano da Maraɗi suke yi.

Zancen baki da sammu shi ya fi damuna, domin shi ne ke barin tabo a zumunci. Addu'a ba ta da lokacin da ba ta dace ba. Amma a zargi kishiya, ko dangin miji, ko maƙwabciya, a kan abin da jikin kowace mai haihuwa yake iya yi, zalunci ne. Gashin zai dawo cikin watanni, gabar da aka ƙulla kuwa tana iya kai wa ga 'ya'ya.

Idan tun da cikin ya fara

Zubar gashi bayan haihuwa abu ne da ake tsammani. Zubarsa da yawa ana tsakiyar goyon ciki kuwa ya saɓa wa abin da istrojin ke yi, don haka yana bukatar a nemi dalili.

Wani lokaci dalilin yana baya. Macen da ta daina shan ƙwayar tazarar haihuwa don ta sami ciki tana iya ganin zuba a watannin farko, domin barin ƙwayar ma faɗuwar homon ce. Wadda ta yi laulayi mai tsanani, tana amai ba ta iya riƙe abinci har ta rame, za ta iya gani bayan wata biyu ko uku. Haka wadda zazzaɓin cizon sauro ko taifot ya kwantar. A duk waɗannan, sai a ƙirga baya a tambayi kai: me ya same ni wata uku da suka wuce? Sau da yawa amsar tana nan. Wannan ma wani dalili ne na kwana cikin gidan sauro da shan maganin kariya daga maleriya da ake bayarwa a wurin awo.

Idan ba a ga komai a baya ba, abu biyu ne likita zai fara dubawa: jini da tayiroid, wata halitta da ke gaban wuya. Kada mai ciki ta ɓoye wannan ƙorafi a wurin awo don tana ganin ƙaramin abu ne.

Maganar jini

A nan ne zancen gashi yake daina zama na kwalliya. Lokacin ciki, jinin mace yakan ƙaru da kusan rabi, ga jariri da mabiyiya suna ɗibar sinadarin ƙarfe, wato ayon, daga ma'ajiyar uwa. A wurin haihuwa a zubar da wani jinin, a yi makonni ana na biƙi. Jiki kuwa idan ayon ya yi masa kaɗan yana da tsarin rabo: zuciya da ƙwaƙwalwa da jini su ne a gaba, gashi yana can ƙarshen layi. Macen da ta shiga jego da ƙarancin jini, zubarta takan fi yawa, ta kuma daɗe ba ta tsaya ba.

Wannan ba matsalar 'yan tsiraru ba ce a wajenmu. Binciken lafiya da yawan jama'a na Nijeriya na 2018 ya nuna kashi 58 cikin 100 na mata masu shekara 15 zuwa 49 suna da ƙarancin jini. Wato fiye da rabi, tun kafin a zo batun haihuwa a kai a kai. Wadda ta yi kwanika, ciki ya shiga tana goyon ɗan wata bakwai, ma'ajiyarta ba ta sami damar cikowa ba aka sake buɗe ta. Shi ya sa ake ba da shawarar a bar aƙalla wata 24 tsakanin haihuwa da ɗaukar wani cikin.

Alamomin sanannu ne, sai dai an saba jingina su ga wahalar raino: kasala, jiri idan an miƙe, haki a ɗan aiki kaɗan, bugun zuciya, fari a cikin ido da tafin hannu, farce mai saurin karyewa. Kwaɗayin cin ƙasa ko tauna ƙanƙara ma yana cikinsu. Gwajin himogulobin ba shi da tsada, ana yin sa a ƙananan asibitoci, kuma ga mai ciki duk abin da ya gaza giram 11 ƙarancin jini ne. Akwai kuma gwajin feritin, wanda ke nuna abin da ya rage a ma'ajiya, domin ma'ajiya kan ƙare tun kafin himogulobin ya faɗi.

Maganin ƙarin jinin da ake rabawa a wurin awo, ayon miligiram 30 zuwa 60 da folik asid a kullum, don wannan aka yi shi. Mata da yawa suna ajiye shi don yana sa tashin zuciya ko taurin bayan gida, ko don an ce musu yana sa jariri ya yi girman da haihuwa za ta yi wuya. Wannan na ƙarshen ba gaskiya ba ne. Baƙin bayan gida kuwa ba illa ba ce, alamar maganin ce kawai. Wasu kuma da sun haihu sai su ɗauka an gama, alhali a ƙasashe irin namu ana ba da shawarar a ci gaba da sha mako 6 zuwa 12 bayan haihuwa.

A ɓangaren abinci, nama da kifi da ƙwai da wake da gyaɗa su ne ke kawo furotin ɗin da ake gina gashi da shi. Zogale, alayyafo, rama da miyar kuka suna taimakawa, musamman idan an haɗa da lemo, gwaba ko tumatir, domin bitamin C yana sa hanji ya fi tsotsar ayon. Shayi kuwa akasin haka yake yi, gara a raba shi da lokacin cin abinci da na shan magani. Hanta tana da ayon sosai kuma ta dace da mai jego, amma mai ciki ta yi hattara da ita saboda yawan bitamin A da ke cikinta yana iya cutar da ɗan tayi. Ina roƙon magidanta su lura da wani abu a nan: naman da ake gasa wa mai jego a makon farko abu ne mai kyau, amma jikinta bai gama bukata ranar suna ba. Watanni na uku da na huɗu, lokacin da baƙi suka ɗauke ƙafa, tukunyarta ta koma kamar ta kowa, su ne lokacin da ramuwar take bayyana.

Alamun da ba a zama a jira

A gaban wuya akwai wata halitta mai suna tayiroid, ita ce ke kumbura ta zama maƙoƙo. Tana tsara saurin aikin jiki gaba ɗaya. Kimanin mace 5 zuwa 10 cikin 100 tayiroid ɗinsu yakan rikice a shekarar farko bayan haihuwa. Da fari yakan yi gudu: zuciya na bugawa, zufa, rawar hannu, rama, rashin barci. Daga baya ya yi sanyi: kasala, jin sanyi ko ana zafi, bushewar fata, ƙiba ba dalili, mantuwa, baƙin ciki, ga gashi na zuba ba tsayawa. Gwajin jini ne ke tabbatarwa, kuma akwai magani. Da yawa suna warkewa, wasu kuma sai sun ci gaba da shan magani.

Akwai wani ciwon da ya fi wannan haɗari, wanda likitan Birtaniya Harold Sheehan ya bayyana a 1937. A ƙarƙashin ƙwaƙwalwa akwai wata 'yar halitta, fituwitari, mai ba sauran masu samar da homon umarni. Takan ƙara girma lokacin ciki. Idan mace ta zubar da jini mai yawa wurin haihuwa har jininta ya faɗi ƙwarai, wani sashe na fituwitari yana iya mutuwa. Alamar farko ita ce nono ya ƙi zuwa. Sai al'ada ta ƙi dawowa ko bayan yaye, gashin hammata da na gaba ya zube, mace ta zama kullum a gajiye. Inda ake haihuwa a asibiti da jinin ƙari a kusa, ciwon ya yi ƙaranci. A Nijeriya kuwa binciken 2018 ya nuna haihuwa 39 cikin 100 ce kawai aka yi a asibiti, kuma a arewa maso yamma abin bai kai haka ba. Duk macen da ta san ta yi zubar jini mai yawa, sannan ta ga waɗannan alamu, ta je babban asibiti ta faɗi tarihin haihuwar tun daga farko, ko da shekaru sun shuɗe.

Sauran abin da ya kamata a nuna wa likitan fata: wuri ya kwashe ya yi sumul kamar an ɗora kwabo an zagaye, ko fatar kai tana ƙaiƙayi da ƙuraje da ɓawo irin na makero, ko tsakar kai tana ta yin fili tana faɗaɗa tare da zafi ko tsikari, ko kuma yaro ya wuce shekara zubar ba ta ragu ba. Waɗannan ba na jego ba ne, ko da a jegon suka bayyana.

Dama kuma tana nan a hannu. Ana kai jariri rigakafi a mako na 6, na 10 da na 14, sannan a wata na 9. Mako na 14 shi ne daidai lokacin da zuba ke tashi. Uwa tana asibitin da ƙafarta, babu abin da zai hana bayan an yi wa yaro allura ta ce, "Sista, ni ma ina so a duba mini jini."

Hannun makitsiya

Saiwar da ta tafi hutu tana dawowa. Saiwar da aka yi ta ja har ta mutu ba ta dawowa. Wannan shi ne bambancin da nake so kowace mai jego ta riƙe.

Idan gaban kai ya yi haske, abin da zuciya ke raya wa mace shi ne ta rufe wurin. Sai a yi ƙananan kitso a tattaro har 'yan jariran gashin da ke tsirowa, a ja su da ƙarfi don kitso ya fito tsaf, ko a ƙara gashin doki don kai ya cika, ko a ɗaure shuku tamau da roba a ƙarƙashin ɗankwali. Nauyin da sili ɗari suke ɗauka da, yanzu saba'in ne ke ɗauke da shi. Ja na yau da gobe yana kumbura bakin saiwa, a ga 'yan ƙuraje a layin kitso, daga baya wurin ya yi tabo, fata ta yi santsi. Binciken da likitar fata Nonhlanhla Khumalo da abokan aikinta suka yi a birnin Kef Tawun na Afirka ta Kudu ya sami irin wannan cin gaban kai a kusan mace ɗaya cikin uku, kuma ya fi yawa ga waɗanda ke yin kitso mai ja a kan gashin da aka sa wa rilaksa.

Mun taso ana ce mana kitso sai da zafi. Ba haka ba ne. Kitson da ya hana mace runtsawa, ko ya ɗaga mata gira, ko ya sa ta nemi Panadol, yana cin saiwa. Mai jego ta ce wa makitsiyarta, "Yaya, a sassauta hannu, a yi manya, a bar mini na gaban nan kada a kama." Makitsiyar kirki za ta gane. Kalaba manya ko kitso huɗu zuwa shida sun wadatar a waɗannan watanni. A jinkirta rilaksa da abin miƙar da gashi mai zafi har zuba ta tsaya. Wajen tsifa a bi a hankali da yatsa, a shafa mai, a fara tajewa daga baki zuwa gindi da mataji mai manyan haƙora. Kada kuma a ƙi wanke kai don tsoron zuba, silin da ya fita a wanka da ma ya riga ya saki.

Mayuka da ƙwayoyi

Man kaɗanya, man kwakwa, man zaitun da karkashi suna da amfaninsu. Suna tausasa gashi, suna sa mataji ya wuce ba tare da fizga ba, don haka suna rage karyewa. Abin da ba sa iyawa shi ne hana silin da saiwarsa ta tafi hutu faɗuwa. Babu man da ke iya wannan. Masu tallan haɗin gashi a Facebook da TikTok suna cin ribar lokaci ne: mace ta saya a wata na huɗu, zuba ta lafa da kanta a wata na shida, a ce maganin ne ya yi aiki. Kuɗin da sun fi amfani a kan ƙwai da kifi.

Ƙwayar bayotin da ake tallatawa ba ta ƙara gashi ga wadda ba ta rasa sinadarin ba, kuma rashinsa ba abu ne da aka cika gani ba. Tana ma da wata illa: a 2017 hukumar kula da abinci da magunguna ta Amurka ta yi gargaɗin cewa shan ta da yawa yana ɓata sakamakon wasu gwaje-gwajen jini. Na tayiroid yana cikin waɗanda abin ke shafa, don haka mai shan ta ta gaya wa likita kafin a ɗebi jini. Minoksidil, wanda ake shafawa don sanƙo, ba a ba mai ciki, mai shayarwa ma kada ta taɓa shi sai da izinin likita. Finasteraid kuwa maganin sanƙon maza ne, yana iya lalata halittar al'aurar ɗa namiji a ciki, don haka mai ciki ko fasasshiyar ƙwayarsa kada ta riƙe.

Sili a yatsan jariri

Wani ƙaramin abu da ba a cika faɗa ba. A watannin da gashin uwa ke zuba, sili ɗaya yana iya naɗe yatsan ƙafar jariri, ko na hannu, ko gabansa, ya shige cikin fata har jini ya daina kai wa. Idan jariri yana tsala kuka an rasa dalili, a cire safa da kayan jikinsa a duba yatsu ɗaya bayan ɗaya a wuri mai haske. In an ga wuri ya kumbura ya yi ja da zare a gindinsa, kuma ba a iya warware shi cikin sauƙi ba, a tafi asibiti a lokacin, kada a kwana.

Mun wanke ruwan zafi daga laifin zubar gashi, amma shari'arsa ba ta ƙare ba. Tun shekarun 1970 likitoci a Zariya suka lura da yawan masu jego da ake kawowa da kumburin jiki da haki, zuciyarsu ta gaza, suka kuma fara tambaya game da wankan jego, da kwanciya a gadon ƙasa mai wuta, da kunun kanwa. Abin da suka gano, da abin da binciken baya-bayan nan ya ƙara a kai, da yadda za a riƙe al'adar ba tare da an cutar da mai jego ba, shi ne zancen babi na gaba.